Ƙidayar Kawuna da Ƙidayar Ƙuri'u

(Laccar da aka gabatar a Makon Ƙungiyar Ɗalibai)



An ɗora mana nauyin yin bayani a kan wahalhalun da ƙasa take gamuwa da su wajen haɗa kan jama'arta bisa tafarkin dimokuraɗiyya bayan ta fita daga hannun 'yan mulkin mallaka. Wannan batu kogi ne, duk wanda ya ce zai ratsa shi a cikin sa'a guda, to, ya shirya shan ruwa. Saboda haka za mu tsaya a gida Nijeriya, kuma a gidan ma igiya ɗaya za mu kama mu bi, watau maganar ƙidaya. Ƙidayar kuwa iri biyu ce, akwai ta kawunan mutane, akwai ta ƙuri'un da suka jefa. Abin da muke so mu nuna shi ne, galibin manyan fitinun da suka girgiza ƙasar nan tun daga 1950, in aka tona gindinsu, za a iske wani lissafi ne da wani sashe na ƙasa ya ƙi amincewa da shi.

Mun san abin da aka saba faɗa. Da zarar an tambayi mutum abin da ya hana Nijeriya zama lafiya, sai ya ce ƙabilanci da bambancin addini, ya kawo maganar ƙabilu fiye da 250, ya tuna mana cewa Gwamna Lugga ne ya ɗinke Arewa da Kudu ranar 1 ga Janairu 1914 ba tare da ya shawarci kowa ba. Duk wannan gaskiya ne. Amma bambancin harshe bai taɓa hana kakanninmu cin kasuwa ɗaya ba. Fataken Kano sun daɗe suna kai-kawo zuwa Gwanja neman goro tun Bature bai san hanyar ƙasar nan ba, kuma Bahaushe da Banufe da Babarbare da Bayarabe sun haɗu a kasuwar Kurmi, kowa da bakinsa, ciniki kuwa ya faɗa. Abin da yake riƙe da kasuwa shi ne mudu. Muddin mai saye da mai sayarwa sun yarda da mudun da ake awo da shi, ko da nuni da hannu sai su yi ciniki su rabu lafiya. Ran da aka fara zargin an tauye mudu kuwa, ko 'yan ɗaki ɗaya ne sai sun kai gaban alƙali. To, mudun mulkin dimokuraɗiyya shi ne ƙidaya. Da ita ake raba kujerun majalisa da kuɗin baitulmali, da ita kuma ake sanin wanda ya ci da wanda ya faɗi.

Bari mu fara da irin gadon da Turawa suka bar mana a wannan fanni. A zamaninsu ƙidaya 'yar'uwar haraji ce. In aka ga malamin hakimi ya sauka ƙofar dagaci da littafi da alƙalami, an san kuɗi ya zo nema. Magidanci mai samari biyar sai ya tura biyu ƙauyen kawunsu har malam ya wuce. Bafillace kuwa, da ya ji ƙishin-ƙishin na jangali, sai ya raba garke ya tsallaka da rabi ƙasar wani hakimi. A Gabas, cikin 1929, ƙirgar mata da dabbobi da aka fara a garin Oloko ita ce ta tayar da boren matan Aba, domin matan sun ɗauka haraji za a ɗora musu. Aka buɗe musu wuta, fiye da 50 suka mutu. Watau dai shekara da shekaru talaka ya koyi cewa mai ƙirga ba masoyinsa ba ne, kuma yi masa ƙarya dabarar tsira ce. Da siyasa ta shigo sai al'amarin ya juye. Kan da ake ɓoyewa jiya don gudun haraji, yau ya zama kujera a majalisa, ya zama rijiya da asibiti da makaranta. Wanda ya saba ragewa sai ya koma ƙarawa. Abu ɗaya ne bai canja ba, shi ne har yanzu ba a ɗauki yi wa mai ƙirga ƙarya abin kunya ba.

A taron tsarin mulki da aka yi a Badun cikin Janairun 1950 aka fara fito-na-fito a kan yawa. Wakilan Arewa suka ce sai a ba su rabin kujerun Majalisar Wakilai ta Ikko, tun da su ne suka fi yawa. Sarkin Zazzau Ja'afaru, da goyon bayan Sarkin Katsina, ya ce in ba haka ba, to, a mayar da Arewa yadda take kafin 1914. Aka ba su 68 cikin 136. Ya kamata mu yi wa kowane ɓangare adalci a nan, domin kowa da abin da yake tsoro. Arewa tana tsoron alƙalamin Kudu. Makarantun mishan sun yi kusan shekara ɗari suna aiki a Kudu, alhali a Arewa Kwalejin Katsina da 'yan makarantun Midil su ne madogara, kuma duk ofishin gwamnati ko tashar jirgin ƙasa da mutum ya leƙa, akawun ɗan Kudu ne. Kudu kuwa tana tsoron yawan Arewa, domin jiha ɗaya da ta fi sauran biyun girman ƙasa da yawan jama'a, in ta haɗa kanta, babu ranar da za a kayar da ita a majalisa. Wannan tsoro biyu shi ya fashe a 1953, lokacin da Anthony Enahoro ya kawo batun a ba da mulkin kai a 1956, Sardauna ya nemi a gyara a ce sai lokacin da ya dace. Aka yi wa wakilan Arewa ihu a titunan Ikko, kuma cikin watan Mayu na shekarar aka yi kwana huɗu ana faɗa a Kano, mutum 36 suka mutu bisa lissafin gwamnati.

Ƙidayar 1952 da 1953 ta ba ƙasar mutum miliyan 30 da 'yan kai, Arewa tana da kusan miliyan 17. A kan wannan aka raba kujeru 312 na zaɓen 1959: Arewa 174, Gabas 73, Yamma 62, Ikko 3. NPC ta sami kujeru 134, NCNC da ƙawarta NEPU suka sami 89, AG ta sami 73. Amma in aka tara ƙuri'un da aka jefa, NCNC da NEPU sun fi NPC da fiye da rabin miliyan. Dalili ɗaya daga cikin dalilan wannan, wanda ba mu cika son tunawa da shi ba, shi ne iyayenmu mata. An ƙirga su lokacin da ake yanka mazaɓu, kawunansu sun kawo wa Arewa kujeru, amma ranar zaɓe doka ta ce su zauna a gida, alhali matan Kudu suna kan layi. Hajiya Gambo Sawaba ta sha ɗauri da duka, kuma wannan haƙƙi yana cikin abin da take nema. Sai a zaɓen ƙananan hukumomi na 1976 matan Arewa suka fara jefa ƙuri'a, sa'an nan a babban zaɓen 1979. Su ma talakawa maza an taɓa yi musu irin wannan. A zaɓen 1951, wanda ake yi hawa-hawa, NEPU ta yi rawar gani a matakin farko a Kano, amma da aka kai mataki na ƙarshe, inda En'e take da ikon cusa nata mutane, ko kujera ɗaya ba ta samu ba.

Yanzu sai mu zo ga ƙidayar farko da muka yi da hannunmu bayan samun mulkin kai, watau ta watan Mayu 1962. A nan ne ya kamata mu ɗan jima. 'Yan siyasa na kowace jiha sun yi watanni suna yawo suna gaya wa mutanensu cewa kada a bar su a baya, mutanen birni suka yi ta komawa garuruwansu don a rubuta su a can. Da alƙaluma suka iso Ikko, sai aka ga Arewa ta ƙaru da kimanin kashi 30 cikin ɗari a shekara goma, Gabas da Yamma kuwa kowacce ta ƙaru da kimanin kashi 70. Ba sai mutum ya karanta ilmin lissafin jama'a ba kafin ya san mata ba sa haihuwa haka. Baturen da yake shugabantar aikin ya ce an yi aringizo a wasu sassan Gabas. Da aka ce a koma a tantance, sai ga Arewa ta gano wasu miliyoyin mutane da aka ce an tsallake su a karon farko. In ɓera da sata, daddawa ma da wari. Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa ya soke aikin gaba ɗaya, aka sake sabo cikin Nuwamban 1963. Wannan karon ƙasar ta tashi miliyan 55 da dubu ɗari shida, Arewa tana da kusan miliyan 30. Watau ke nan a cikin shekara goma mun kusa ninka kanmu. Firimiyan Gabas, Dokta Michael Okpara, ya ce bai yarda ba, ya kai ƙara Kotun Ƙoli, kotu ta ce ba ta da hurumin sauraro. Aka sake raba kujeru, Arewa ta sami 167 cikin 312, har yanzu dai fiye da rabi.

Daga wannan rana auren NPC da NCNC ya mutu, ko da yake ba a rubuta takardar saki ba. Kowa a Kudu ya gane cewa ta hanyar ƙidayar kawuna ba za a karɓi mulki ba, saura ƙidayar ƙuri'u. Aka ja daga biyu: NNA, watau NPC da jam'iyyar Akintola, da kuma UPGA, watau NCNC da AG da NEPU da UMBC ta Joseph Tarka. Ku lura da wannan jeri da kyau. Malam Aminu Kano da Tarka 'yan Arewa ne, Akintola ɗan Kudu ne, saboda haka ba a iya cewa faɗan na Arewa da Kudu ne zalla. Da an bar akwati ya yi aikinsa, da wataƙila irin wannan ƙawance ya ɗinke ƙasar. Amma kowace gwamnatin jiha ta mayar da jiharta gandunta. A Arewa 'yan doka da kotunan En'e suka hana 'yan hamayya taro, aka hana wasu ma miƙa takardun tsayawa, sai ga 'yan takara da dama an ce sun ci ba hamayya. A ƙasar Tibi kuwa sai da aka kai soja a 1964. UPGA ta ƙaurace wa zaɓen 30 ga Disamba 1964, Shugaban Ƙasa Azikiwe ya yi kwanaki yana ƙin kiran Firayim Minista ya kafa gwamnati, har manyan alƙalai suka shiga tsakani.

An ɗinke wannan ɓaraka da zare marar ƙarfi, sai zaɓen Jihar Yamma na Oktoban 1965 ya yage ta. Rediyon Badun yana faɗin sakamako ɗaya, rediyon Inugu yana faɗin wani. Jama'a suka ga ƙuri'arsu ba ta da amfani, suka koma ga fetur da ashana, ana ƙona motoci da gidaje da mutane. Gwamnatin Tarayya, wadda ta kafa dokar ta-ɓaci a wannan jiha a 1962 saboda jifa da kujeru a zauren majalisa, sai ga ta ta naɗe hannu alhali gari yana ci da wuta, domin wannan karon abokinta ne a kan kujera. Cikin Janairun 1966 shugabannin ƙasashe renon Ingila suka taru a Ikko suna shawarar yadda za a yi da Rodeshiya, hayaƙi yana tashi a bayan gari. Kwana uku da watsewarsu, ranar 15 ga wata, wasu hafsoshi suka kashe Sardauna da Firayim Minista da Akintola da Okotie-Eboh da manyan sojoji irin su Birgediya Maimalari. Nan ma sai da mutane suka yi ƙidaya, suka ƙirga gawawwaki, suka duba daga ina aka kashe, daga ina aka bari.

Akwai masu cewa, a wancan zamani da yanzu, tun da zaɓe ne yake kawo rigima, a ajiye shi a haɗa kan ƙasa da ƙarfi. Maƙwabtanmu sun gwada. A Nijar an haramta jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary a 1959, jam'iyyar Diori Hamani ta zauna ita kaɗai har Seyni Kountché ya kifar da ita a 1974. A Gana an yi ƙuri'ar raba-gardama a 1964 kan komawa jam'iyya ɗaya, aka ce fiye da kashi 99 cikin ɗari sun amince, amma bayan shekara biyu da soja suka tumɓuke Nkrumah mutane suka fito tituna suna murna. Mu namu gwajin shi ne Dokar Soja mai lamba 34 ta ranar 24 ga Mayu 1966, wadda Janar Ironsi ya soke jihohi da ita ya haɗe aikin gwamnati wuri ɗaya. A takarda wannan shi ne haɗin kai tsantsa. A kunnen ɗan Arewa kuwa, tsohon tsoron nan ne na alƙalami ya dawo da bindiga a hannu. Ɗalibai suna cikin waɗanda suka fara fitowa zanga-zanga a Zariya da Kano, ana kiran a raba, kuma abin da ya fara da kwalaye ya ƙare da kisan 'yan Gabas waɗanda ba su san hawa ba ba su san sauka ba. Wannan ya kamata kowace ƙungiyar ɗalibai ta riƙa tunawa da shi. Sauran labarin kun san shi: juyin mulkin 29 ga Yuli, kashe-kashen Satumba da Oktoba da suka halaka dubban mutane, taron Aburi, shelar Biyafara ranar 30 ga Mayu 1967, da yaƙin wata talatin wanda yunwarsa ta fi harsashinsa kisa.

Bayan yaƙi an yi ƙoƙari, kada mu raina shi. Janar Gowon ya riga ya yanka ƙasar jihohi 12 tun a 1967, abin da ya kwantar da hankalin ƙananan ƙabilu, waɗanda Hukumar Willink ta saurari kukansu a 1958 ta sallame su ba tare da jiha ba. Aka kafa hidimar ƙasa a 1973. Aka yanke shawarar mayar da babban birni Abuja a 1976. Tsarin mulkin 1979 ya kawo ƙa'idar raba-daidai a muƙaman gwamnati, ya hana jam'iyyar ƙabila ɗaya, ya kuma ce ba mai zama Shugaban Ƙasa sai ya sami kashi ɗaya cikin huɗu na ƙuri'u a kashi biyu cikin uku na jihohi. Dabaru ne masu kyau. Sai dai yawancinsu dabarun rabo ne, rabo kuwa da mudu ake yin sa, ga shi mudun nan ba a gyara shi ba. Ƙidayar 1973 ta ba da kusan miliyan 80, Arewa ta haura kashi 60 cikin ɗari, wasu jihohin Kudu kuwa aka ce sun ragu. Da Janar Murtala ya hau a 1975 sai ya soke ta, aka koma aiki da alƙaluman 1963, waɗanda su ma an san yadda aka same su. Haka aka yi ta shirya makarantu da asibitoci bisa kintace har 1991.

Zaɓen 1979 ma lissafi ya ƙare a kansa. Alhaji Shehu Shagari ya fi kowa ƙuri'u, ya sami kashi ɗaya cikin huɗu a jihohi 12, amma a Kano, inda PRP take da ƙarfi, ya tsaya a ƙasa kaɗan da kashi 20 cikin ɗari. Nawa ne kashi biyu cikin uku na 19? Awolowo ya ce 13, domin ba a gutsura jiha. Lauyan NPN, Richard Akinjide, ya ce sha biyu da biyu bisa uku. Kotun Ƙoli ta bi bayan Akinjide ana saura kwana biyar a miƙa mulki, Mai Shari'a Kayode Eso ya saɓa. Ko wane ne yake da gaskiya a cikinsu, jamhuriya ta biyu ta fara tafiya da ɗingishi, kuma zaɓen 1983 ya ƙarasa ta. A 1993 kuwa sai aka sami abin da aka daɗe ana nema. An ƙirga ƙuri'u a rumfa a gaban kowa. Abiola, Bayarabe, da mataimakinsa Babagana Kingibe, dukkansu Musulmi, suka sami ƙuri'un Kirista da Musulmi, Kudu da Arewa, har suka kayar da Alhaji Bashir Tofa a jiharsa ta Kano. Ranar da talakawa suka nuna cewa ƙabila da addini ba su ɗaure musu hannu ba, ranar ce masu mulki suka fasa mudun. Sai da ƙasar ta yi shekara shida tana biyan wannan bashi.

Dole mu ce wani abu a kan man fetur, domin shi ya ƙara wa ƙarya tsada. A jamhuriya ta farko kowace jiha tana da abin dogaronta, Arewa gyaɗa da auduga, Yamma koko, Gabas manja da ƙwara, kuma rabin kuɗin ma'adinai yana komawa inda aka haƙo su. Gwamnatin da take rayuwa da gumin manomi dole ta san manomin nan, ta san ƙauyensa da yawan buhunansa. Da fetur ya mamaye baitulmali a shekarun 1970, sai kuɗi suka koma fitowa daga rijiya ɗaya, ana rabawa daga tsakiya, kuma yawan jama'a da yawan ƙananan hukumomi suna cikin ma'aunan rabon. Jihohi suka tashi daga 12 zuwa 19, har suka kai 36 a 1996, ƙananan hukumomi 774. Gwamna ba ya bukatar harajin talaka, sunansa kawai yake bukata a takarda. Shi ya sa ƙidayar 2006, wadda ta ba da miliyan 140, ta zama gasa tsakanin Kano da Legas, kowacce aka ba ta miliyan 9 da 'yan kai, gwamnatin Legas ta ce ita nata lissafin ya haura miliyan 17. Tsoron rigima ya sa ko tambayar ƙabila da addini ba a saka a takardar ba. Wadda aka shirya yi a 2023 kuwa ɗage ta aka yi.

Kuma abin da aka yi wa iyayenmu mata a 1959 ana yi wa wasu a wata siga. Yaron da aka haifa a Sabon Garin Kano, ko Bahaushen da kakansa ya zauna a Sabo ta Badun, ranar ƙidaya ɗan gari ne, kansa yana kawo wa jihar kaso. Ranar neman gurbin karatu ko tallafin jiha kuwa, sai a ce ya kawo takardar shaidar zama ɗan asali daga wani gari da wataƙila bai taɓa kwana a cikinsa ba. Yawancin jinin da aka zubar a Jos tun 2001 yana da alaƙa da wannan tambaya ta wane ne ɗan gari. A 1980 har shugaban masu rinjaye na Majalisar Jihar Barno, Alhaji Shugaba Darman, aka ɗauka aka tsallaka da shi Cadi aka ce ba ɗan ƙasa ba ne, sai da kotu ta dawo da shi.

Ba ma so a tashi daga nan da zaton babu abin da ya gyaru. Tun 1999 soja ba su dawo ba, kuma wannan ne mulkin farar hula mafi tsawo da muka taɓa yi. Marigayi Umaru Musa 'Yar'aduwa ya faɗa da bakinsa ranar rantsar da shi a 2007 cewa zaɓen da ya kawo shi yana da naƙasu, ya kafa kwamitin Mai Shari'a Uwais. Ranar 31 ga Maris 2015 Shugaba Jonathan ya buga wa Janar Buhari waya ya amince da kaye tun ba a gama sanar da sakamako ba, abin da bai taɓa faruwa ga shugaba mai ci a ƙasar nan ba. Amma shekara huɗu kafin wannan, bayan zaɓen 2011, an kashe mutum fiye da 800 a Arewa cikin kwana uku bisa binciken Human Rights Watch, har da 'yan hidimar ƙasa da suka yi aikin zaɓe a Jihar Bauci. A 2023 kuma, cikin mutum miliyan 93 da suka yi rajista, waɗanda suka fito ba su kai miliyan 25 ba, wanda ya ci ya ci ne da ƙasa da miliyan 9, kuma na'urar da aka yi alkawarin za ta aika da hoton sakamakon kowace rumfa nan take ta gaza a zaɓen Shugaban Ƙasa. A 1965 wanda ya yanke ƙauna daga akwati fetur yake ɗauka. Na yanzu zamansa yake yi a gida, kuma ba mu tabbata wannan shirun alamar lafiya ba ce.

'Yan'uwa ɗalibai, ga inda maganar ta shafe ku kai tsaye. Tun daga zaɓen 2011, 'yan hidimar ƙasa ne suke riƙe da yawancin rumfunan zaɓe, malaman jami'a ne suke tattara sakamako, shugabannin jami'o'i ne suke sanar da na jihohi. A 2023 rumfunan sun haura 176,000. Watau littafi da alƙalamin da malamin hakimi yake riƙe da su a ƙofar dagaci, yau a hannun 'yan jami'a suke. A 2021 wata kotu a Jihar Akwa Ibom ta ɗaure wani farfesa shekara uku saboda canja alƙaluman zaɓe, don haka kada mu ɗauka digiri yana hana tauye mudu. Cikin 'yan shekaru kaɗan da yawanku za ku zauna a kan benci a wata makarantar firamare, a garin da ba ku jin harshensu, rana ta faɗi, jama'a sun kewaye ku, ga wakilan jam'iyyu, wataƙila ga wani ya matso da ambulan. Aikin da doka ta ɗora muku sananne ne: a zazzage akwati a gaban kowa, a ƙirga da ƙarfi, a rubuta a takardar sakamako da lamba da kuma kalmomi, wakilai su sa hannu, a ba kowannensu kwafi, a manna ɗaya a bango. Yawancin ɓarnar da ake yi tana faruwa ne bayan wannan, a tsakanin rumfa da wurin tattarawa, kuma takardar nan da kuka cika ita ce shaidar da za a nema a kotu.

Da yake ba a fafe gora ranar tafiya, muna ba Majalisar wannan Ƙungiya shawara guda, ta duba ta kafin zaɓenta mai zuwa. A kafe sunayen masu zaɓe na kowane ɗakin kwana mako biyu kafin ranar, don mai ƙorafi ya yi tun da wuri. A ƙirga ƙuri'u a inda aka jefa su, kada akwati ya motsa sai an manna sakamako. Kuma wannan mujalla ta buga alƙaluman kowane akwati ɗaya bayan ɗaya, tare da sunayen wakilan da suka sa hannu da na waɗanda suka ƙi, da dalilin da suka bayar.

Shugaba, mun ga ana nuna mana agogo. A nan za mu dakata mu saurari tambayoyi. Wassalamu alaikum.